"To" Ɗin da Na Ce Maka a Zaure

Zuwa ga yarona a Yamai,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka, ina kuma roƙon Allah ya sa takardar ga ta iske ka da lafiyarka, kana ci kana ƙoshi, ba ka da ciwon kai sai wanda na jawo maka. Innarka na gaishe ka, ƙannenka na gaishe ka. Labarin gida ba zan tsaya ba ka ba. Gero ya shiga rumbu, jaki na nan da mugun halinsa, sauran ka tambayi wanda ya kawo maka takarda.

Jiya da la'asar Alhassan direban kamiyo, babbar motar kaya, ya tsaya ƙofar gida, ko injin bai kashe ba, ya leƙo ya ce, "Baba Abdu, wai mi ka yi wa yaron nan? Ya je ya gaya wa manyansa ba ya tafiya."

Na ce, "Wace tafiya?"

Ya ce, "Wadda anka zaɓe shi mana, ta ɗaukar sinima a ƙasar da ake yaƙi. Ya ce ubansa bai yarda ba. Su kuwa sun ce in jirgin mako mai zuwa ya tashi bai sake magana ba, wani za su miƙa wa kamarar."

Na ce ni? Yaushe na hana? Sai innarka ta jefo daga bayan darni, ashe tana ji. Ta ce, "Ka ce masa 'to'."

Na ce, "Af, 'to' ɗin laifi ne?"

Ta ce, "Wane iri? Akwai 'to' na je ka Allah ya kiyaye, akwai 'to' na na ji, akwai 'to' na yi ka gani. Naka ko ni da na tsufa a gidan ga ban san wanne ba ne, balle yaro."

Na tuna ranar sarai. Ka zo da girbi, ka tuɓe takalma, ka zauna bakin tabarma a zaure ina tufkar igiya. Ka yi mini bayani tiryan-tiryan: ku ƴan ƙungiya ne, kuna zuwa inda ƙasashe ke faɗa kan iyaka da mulki, ku ɗauki sojoji da shugabanni da mutanen da sunka gudo, ku haɗa abin ya zama sinima ta gaskiya, duniya ta gani. Ka ce kai anka ba riƙon kamara, ba ɗaukar akwatinta ba kamar da. Ni kuwa na ce "to", na ci gaba da igiyata. Wallahi a lokacin nan ni ma ban san wanne ba ne. Murna ta taso mini, tsoro ya taso, sunka haɗu, abin da ya iya fitowa bakina ke nan.

Don haka yau na zauna in fassara maka shi. Ka yi haƙuri, dogo ne. Kuma kada ka tsallaka zuwa ƙarshen takarda, na san halinka tun kana lakwal, makarantar boko.

Ka san a gari ana ce mini Mai Rai Biyu. Ka ji labarin a bakin ƴan tsokana, yau ka ji shi a bakin mai shi. Kana goye anka ɗauke mu soja, lokacin babban yaƙin Nasara, anka ƙetare da mu teku zuwa wata ƙasa mai sanyi da laka. Wata rana muna can baya, nesa da inda ake harbi, muna wankin kaya, sai ga wani Nasara da akwati mai ƙafa uku. Yaƙi yake so ya ɗauka, amma yaƙin na da nisa, shi kuwa bai da niyyar matsawa kusa. Sai ya sa anka kunna jiƙaƙƙen bunu don hayaƙi, anka jera mu, anka ce mu sheƙo da gudu muna ihu. Munka yi, muna ta dariya a ciki. Ya ce saura abu guda, yana son wanda zai faɗi. Wa ya iya faɗuwa?

To ni fa na yi kokawa a Bambai, nan kusa da garinmu, ina saurayi, kuma gaskiya ita ce an fi kayar da ni fiye da yadda na kayar. Faɗuwa dai ba wanda ya kai ni a duk ƙasarmu ta Adar. Na ɗaga hannu. Na sheƙo, na dafe ƙirji, na juya ido, na zube rim! Nasara ya yi tsalle yana "Ankor! Ankor!", wato in ƙara. Na ƙara, har da shure-shuren ƙafa wanda bai ma tambaya ba. Ya ba ni gwangwanin kifi, munka cinye da abokaina, na manta da zancen.

Ashe abin ya riga ni zuwa gida. Motar sinima ta zo Tawa, anka kafa farin ƙyalle a filin kwamanda bayan magariba, gari duka ya fito, don yawancinsu ba su taɓa ganin hoto mai motsi ba. Sai ga fuskata ta cika ƙyalle. Wata mata ta ƙwala, "Abdu ne! Abdu na Hajo!" Anka ɗau guɗa. Guɗar ba ta sauka ba na dafe ƙirji na zube. Kakarka Hajo ta zube tare da ni. Liman ya yi ta cewa a dakata, a jira takarda daga bariki, hoto ba shaida ba ne. Wa zai ji shi? Kowa cewa yake, "Haba malam, da idonmu fa munka gani, har shure-shure ya yi." Anka yi mini sadaka. Innarka ta yi takaba ta gama. Ƙanena ya shige babbar rigata, kuma ta yi masa kyau, abin da ya fi ba ni haushi ke nan. Wani mahauci ma har ya fara aiko da hanta gidan, wai don maraya. Kai ne marayan, kuma ba ka da haƙori ko ɗaya.

Ranar da na dawo, da tsakar rana na ratsa ta bakin rijiya da jakata. Mata sunka watsar da guga, kowa ta kama gabanta. Na shiga gida na yi sallama. Kakarka ta lalubo fuskata da hannu biyu, ta shafa, ta shafa, ta ce, "Kai ne ka faɗi?" Na ce, "Wasa ne, Inna." Ta ce, "Wasa?" Ta ce a miƙo mata muciya. Yaƙi duka ban sha dukan da na sha ranar nan ba, kuma ban taɓa jin daɗin duka kamarsa ba. Har yau in an tuna ana dariya, ni ma ina yi. Amma ka lura da cewa lalubo ni ta yi. Idonta da kuka ya ci bai dawo ba har ta koma ga Allah.

Ga abin da nake so ka riƙe a nan. Kada ka sa kowa ya faɗi in bai faɗi ba. Kada ka kunna hayaƙi inda ba wuta. In yaƙin ya yi nisa ranar nan, ka ɗauki masu wanki suna wanki, ai su ma a yaƙin suke. Mutane za su gaskata akwatinka fiye da limaminsu, wannan na gani a kaina. Kuma duk wanda ka nufa da ita, soja ne ko ɗan gudun hijira, na wannan ɓangare ko na wancan, akwai wata Hajo a wani gari da za ta iya ganinsa. In mutum ya faɗi da gaske, ka tambayi kanka ko haka kake so uwarsa ta samu labari.

Na biyu kuwa, wautar da na tafka a Barmu. Kana tuna Ilu, abokina da munka yi soja tare, mai kunne ɗaya da rabi? Wata shekara na bi ta garinsu zan je sayen tumaki, ina sauri kada kasuwa ta watse. Na iske shi ƙofar gida tsaye. Ko daga kan jaki ban sauka ba. Ina kwana? Lafiya lau. Ina gida? Lafiya lau. Ina yara, ina gajiya? Lafiya lau, ba gajiya. Ya ce in sauka in sha ruwa, na ce a dawowa. Na ga dai fuskarsa da toka-toka, na ce a raina mutumen ga bai wanke ido ba. Na dawo ta wata hanya, na zo gida na ce da innarka Ilu na gaishe ki, suna nan lafiya lau, har ya yi ƙiba.

Sai ranar Lahadi a kasuwar Tawa wani ɗan Barmu ke ce mini, "Ashe ka je wa Ilu jaje, Allah ya ba da lada." Jajen mi? Rumbunansa ne sunka ƙone ƙurmus da asubar ranar da na wuce. Tokar da na gani a fuskarsa geron nan ne da na ci a gidansa shekara da shekaru. Kash! Na ɗaura wa jaki dami na koma. Na ce, "Ilu, don Allah mi ya hana ka gaya mini?" Ya dube ni ya ce, "Kana bisa jaki zan gaya maka? Ka taɓa jin an ba mahayi labarin gobara?" Munka yi dariya har hawaye, nasa hawayen dai ban tabbata na dariya ne duka ba.

Kai ɗan Adar ne, ka san "lafiya lau" ɗinmu ba labari ba ne, ƙofa ce kawai. Ina zaton mutanen kowace ƙasa na da tasu. Za ka iske mace an ƙone garinsu, ka kafa mata kamara ka ce yaya abin ya faru, ta ce ba komai, sun gode Allah. In ka naɗe kayanka a nan, ka ɗauko ƙarya ke nan alhali ba wanda ya yi maka ƙarya. Sauka daga jakin. Ajiye akwatin gefe, ka zauna ƙasa yadda suke zaune. In an ba ka ruwa ka sha, ko da launinsa bai yi maka ba. Ka tambayi sunanta da na garinsu, ka faɗi naka da na ubanka. Maganar gaske sai an gaji da gaisuwa take fitowa. Kuma in ta fito, ka nemi izini kafin ka ɗauka. In anka ce a'a, to a'a ne, ka bar wa kunnenka.

Nasaran da kuke tafiya tare za su riƙa duba agogo suna ce maka rana na faɗuwa. Ka yi musu haƙuri, ba a koya musu zama ba. Ina jin ma don wannan ne sunka zaɓe ka, ko da ba su sani ba.

Na uku ya fi ban kunya, don da furfurata na yi shi. Da munka samu mulkin kai na sayi radiyo. Ka san yadda na zama. Da safe in murɗa nan, in ji manyan wata ƙasa na cewa mutanensu sun ci gari kaza. In tafi gindin iccen bakin kasuwa in baje labari kamar a gabana anka yi. Shi kuwa Mamman tela, mutumen Maraɗi, tasa radiyon wani gidan take kamawa, inda ake cewa ɗaya ɓangaren ne ya ci garin. Ni in ce waɗannan ne masu gaskiya, shi ya ce waɗancan. Ranar nan har na kira shi ɗan koren baƙi, shi kuwa ya ce mini karen Nasara, ya jefo mini wandona ba a gama ɗinki ba, ƙafa ɗaya doguwa ɗaya gajera. Munka daina gaisawa, a kan ƙasar da in ka shimfiɗa mana taswira ni da shi ba mai iya ɗora yatsa a kanta.

Muna cikin haka wani alhaji ɗan Affala ya dawo daga Makka ta ƙasa, kuma hanyarsa ta ratsa gefen ƙasar nan. Ni da Mamman munka yi rige-rigen zuwa yi masa barka, kowa na son a ce shi ne da gaskiya. Na ce, "Alhaji, garin nan wa ke riƙe da shi?" Ya ce, "Wane gari? Ai ba gari. Waɗannan sun ci shi, waɗancan sun ƙwace, yanzu awaki ne a ciki. Mutanensa na iske su bakin hanya, abin da suke tambaya gishiri." Munka fito ba mai kallon wani. A ƙofa Mamman ya ce, "Kawo wandon nan in daidaita maka." Shi ke nan sulhunmu.

Aikinka zai kai ka gaban manya, masu taswira da sanda a hannu. Za su sa ka a motarsu, su ba ka abinci mai kyau, su nuna maka gefen da suke so ka gani. Ka ci, ka yi godiya, ka ɗauki maganarsu yadda sunka faɗa, kada ka rage kada ka ƙara. Sannan ka nemi hanya ka ji na ɗaya gefen, su ma suna da baki. Sannan ka sauka ka taka da ƙafa zuwa wurin masu neman gishiri. Kada ka bari wani ya ɗaura maka gabar da ba taka ba, kamar yadda akwati mai batir ya ɗaura mini. Ƙasarmu jaririya ce, jiya-jiya anka raɗa mata suna. Da daɗewa wasu ke zuwa su ɗauke mu su je su faɗi ko mu su wa ne. Yau ga ɗan Tawa zai je ya gano da idonsa ya kawo mana. Kai, in na tuna wannan sai in ji kamar in tashi in yi kirari, sai gwiwa ta tuna mini shekaruna.

Saura ƴan ƙananan abubuwa na tsohon soja, waɗanda ba a koyarwa a Yamai. Kamara a kafaɗa, daga nesa, ba ta da bambanci da bindiga, kuma yaron da ke tsaron hanya ya fi ka jin tsoro. Ka sauke ta ƙasa tun kafin ya ce, ka nuna tafin hannunka, ka yi gaisuwa. Kada ka sa kaki ko da kyauta anka ba ka. In ka ga tsofaffin sojoji sun yi shiru sun kwanta, kwanta, kada ka tsaya tambaya. Ni na taɓa ɗaga kai don in ga daga ina abin ke fitowa, hulata ce ta biya, kuma hula ce mai kyau. In ido ɗaya na cikin akwati, ɗayan ya zama a buɗe. Ba hoton da ya kai ranka, in ya wuce ka bar shi ya wuce. Ka kula da ƙafafunka, ka shanya su duk inda ka samu rana. Salla kuwa ko a zaune ko a cikin mota, kada ka bari ta taru.

To, yanzu mu zo ga maganar da ta tsayar da kai.

Ina jin tsoro. Ga shi na rubuta, ban mutu ba. Na san ƙarar abin nan, na san warinsa, kuma ban so ɗana ya sani ba. Da so samu ne, da kana nan kusa kana ɗaukar hoton ƴan kokawa da ranar kasuwa. Amma da na ji ka ajiye abin da ka daɗe kana nema saboda kalma guda da ta fito bakina a karkace, sai na ji kunya ta kama ni, na kuma ji wani daɗi da ban san inda zan sa shi ba. Yaron da ya iya yin haka, ba na shakkar yadda zai riƙe amanar mutanen da zai ɗauka.

Don haka buɗe kunnenka, ba "to" a nan. Na yarda. Na yarda da zuciya ɗaya. Tashi ka je wurin manyanka tun kafin ka gama naɗe takardar ga, ka ce ubanka ya ce kamarar taka ce, kada su kuskura su ba wani. Innarka ma ta yarda, ita ta ce in rubuta da kyau kada in sake ɓata magana. Ƙullin kilishi da Alhassan zai ba ka nata ne, ka duba ko ya cika, don na ga yana lasar baki.

Abu guda nake so a madadin yardata. An ce mini a ƙarshen irin sinimarku ana rubuta sunan wanda ya ɗauka. Ka sa su rubuta naka da manyan baƙaƙe. Kai ne ɗan farina, ka san al'ada, tun ranar da anka raɗa maka suna bakina bai taɓa kiransa ba. "Kai" ne, "yaron nan" ne, ko a takardar ga ka duba ba za ka same shi ba. To ranar da anka nuna aikinka a garin ga, in sunan ya fito, zan miƙe tsaye cikin mutane in karanta shi da ƙarfi, tsofaffin Tawa su yi ta salati, su ce Abdu ya zubar da kunya. Amma sau ɗaya zan faɗa, kuma ba zan faɗa ba sai kana zaune kusa da ni. In kana son ji, sai ka dawo.

Allah ya tsare gabanka da bayanka. Allah ya kau da idon mai harbi daga kanka, ya haɗa ka da mutanen kirki a kowane gefe. Allah ya kai ka lafiya, ya maido mana kai da ƙafafunka. Allah ya yi maka albarka.

Ni ne ubanka,
Abdu, a Tawa.